Nawa Ne Rabon Mawaƙi Idan An Saurari Waƙarsa A Waya?

Abin da ya sa na ɗauko wannan batu a wannan mako shi ne wata 'yar hayaniya da aka kira ni in sa baki a ciki kwanan baya, a wata ikilisiya da ke maƙwabtaka da tamu. Ƙungiyar mawaƙansu ta yi karo-karo, dattawa suka cika musu daga asusu, suka shiga situdiyo suka ɗauki waƙoƙi takwas, aka ɗora su a intanet. Allah ya sa ɗaya daga ciki ta karɓu, har lambar da ke ƙarƙashinta ta nuna an saurare ta sau 200,000. Sai wani saurayi daga cikinsu ya shiga irin shafukan nan da ke yi wa mutum ƙiyasi, ya buga lambar, shafin ya ce masa kuɗin ya kai dala 800. Ya juya su zuwa naira, ya ga sun haura miliyan ɗaya. Kafin Lahadi ta zagayo, magana ta cika unguwa cewa shugaban mawaƙa ya cinye kuɗin 'yan'uwa.

Da aka zauna aka buɗe takardar lissafin da dillalin waƙar ya aiko, sai aka tarar abin da ya shigo bai cika naira 200,000 ba, ko rabin kuɗin situdiyo bai mayar ba. Bawan Allah bai ci ko kwabo ba, amma an riga an ɓata masa suna, kuma kun san ruwan da ya zube ba ya kwasuwa. Rashin sani ya fi dare duhu. Saboda haka na ga ya kamata mu zauna mu warware wannan lissafi dalla-dalla, domin matasanmu da yawa sun sa rai a wannan hanya, har wasu suna sayar da awaki ko su bar koyon sana'a domin su shiga situdiyo.

Daga kaset zuwa waya

Waɗanda suka yi wayo a zamanin kaset sun san lissafin can ba shi da wuya. Mawaƙi ya buga kaset 1,000, ya san abin da ya kashe, ya san abin da zai sayar, abokin gabansa ɗaya ne, watau mai gurza kaset a kasuwa. Kafin wannan ma, irin su Mamman Shata da Ɗan Maraya Jos sun fi dogara ga kyautar iyayen gida da liƙi a dandali. Yau kuwa ba a sayen waƙar, hayar jinta ake yi. Kamfanin Spotify, wanda aka kafa a ƙasar Suwidin a 2006, ya iso Nijeriya a watan Fabrairu na 2021. Boomplay ya fara a nan ƙasar tun 2015, kuma ya yaɗu ne domin ana sayen wayoyin Tecno da shi a ciki. Akwai Audiomack, akwai Apple Music, ga kuma YouTube da kowa ya sani.

Harkar ba ƙarama ba ce. Ƙungiyar kamfanonin faifai ta duniya, IFPI, ta ce a shekarar 2024 cinikin waƙoƙin da aka ɗauka a faifai ya kai dala biliyan 29.6 a duniya, kuma kashi 69 cikin 100 na wannan kuɗi ya fito ne daga sauraro ta intanet. Amma ga inda gizo ke saƙar: duk ƙasashen Afirka da ke kudu da Sahara, in an haɗa su, dala miliyan 110 suka kawo, kuma kusan kashi uku cikin huɗu na wannan daga Afirka ta Kudu ne. Watau kunnuwa suna da yawa a wajenmu, amma aljihun da ke biya kaɗan ne.

Babu tsayayyen farashi

Kuskure na farko da saurayin nan ya yi, wanda kusan kowa ke yi, shi ne zaton cewa kowane sauraro yana da farashinsa kamar mudun masara. Ba haka abin yake ba. Abin da kamfanonin nan ke yi ya fi kama da tukunyar gayya. A ƙarshen kowane wata, a kowace ƙasa, sai su tara kuɗin da masu biyan kuɗin wata suka biya da kuma kuɗin talla. Kamfani ya ɗebi nasa, kusan kashi ɗaya cikin uku. Sauran kashi biyu cikin uku shi ake raba wa masu haƙƙin waƙoƙi, kowa gwargwadon yawan sauraron da ya samu cikin jimillar sauraron da aka yi a wannan ƙasa a wannan wata. Kuma a Spotify sai mutum ya kai daƙiƙa 30 yana ji kafin a ƙirga masa sauraro ɗaya.

Bari in kawo misali da lambobi na ƙirƙira, domin a gane yadda abin ke tafiya. A ce a wata ƙasa mutum miliyan ɗaya suna biyan naira 1,000 kowane wata. Kuɗi ya zama naira biliyan ɗaya. A ce kowannensu ya saurari waƙa sau 500 a watan, jimilla sauraro miliyan 500 ke nan. In ka raba, kowane sauraro ya tashi a naira 2 kafin a cire na kowa. To, in wata mai zuwa mutanen nan suka ninka sauraronsu zuwa sau 1,000 kowannensu, kuɗin tukunya bai ƙaru ba, sai darajar sauraro ɗaya ta faɗo zuwa naira 1. Ka ga ke nan mawaƙi zai iya samun ƙarin masu sauraro amma kuɗinsa ya tsaya cik, gama ba shi kaɗai yake ɗiba a tukunyar ba.

Lambar da shafukan ƙiyasi ke amfani da ita, watau dala 3 zuwa 5 a kan sauraro 1,000 a Spotify, matsakaicin lissafi ne da masu bin harkar suka fitar, kuma ya fi dacewa da ƙasashe masu arziki. Kamfanin Apple Music da kansa ya faɗa a wata wasiƙa da ya aika wa mawaƙa a 2021 cewa matsakaicin abin da yake biya ya kai kusan dala 10 a kan sauraro 1,000. Dalilin da nasa ya fi shi ne ba shi da sashen kyauta mai talla, masu sauraronsa biya suke yi.

Kunnen Landan da kunnen Kafanchan

Tun da tukunyar kowace ƙasa daban take, wurin da mai sauraro yake zaune shi ne kan gaba a lissafi. Sa'ad da Spotify ya shigo Nijeriya, naira 900 yake karɓa a wata. A 2024 mai sauraro a Amurka yana biyan dala 11.99, na Nijeriya kuwa abin da yake biya bai cika dala ɗaya ba. Saboda haka mutum ɗaya da ya saurari waƙarka a Landan ko Niyok zai iya fin mutum goma da suka saurare ta a Kafanchan ko Numan kawo kuɗi. Daɗin daɗawa, yawancin mutanenmu ba sa biyan kuɗin wata sam, a sashen kyauta suke ji, inda 'yan kuɗin talla ne kawai ke shigowa, kuma talla a ƙasarmu araha ce.

Wannan ne ya sa ya kamata mu karanta manyan lambobin jaridu da natsuwa. Spotify ya sanar cewa waƙoƙin mawaƙan Nijeriya sun samar da fiye da naira biliyan 25 a 2023, sa'an nan fiye da naira biliyan 58 a 2024. Mai karatu zai ce an ninka, har da ɗori. Amma a tuna, a watan Mayu na 2023 dala tana wajen naira 460 a farashin gwamnati, zuwa ƙarshen 2024 kuwa ta haura naira 1,500. Tun da babban kaso na kuɗin nan daga ƙasashen waje yake zuwa, to faɗuwar naira tana da hannu babba a cikin wannan ninki. Har ila yau, rabo mafi tsoka na manyan taurari ne da ake ji a Turai da Amurka. Waƙar Rema mai suna Calm Down, wadda ya sake yi tare da Selena Gomez, ta cika sauraro biliyan ɗaya a Spotify a watan Satumba na 2023. In ka bi ƙiyasin can, dala miliyan 3 zuwa 5 ke nan, kafin kamfanoni da marubuta da masu haɗa kiɗa su ɗebi nasu. Wanda yake waƙa da Hausa domin masu jin Hausa ba a wannan layi yake ba, kada ya auna rigarsa da ta Rema.

Waƙa ɗaya, haƙƙi biyu

Abu na uku shi ne, kowace waƙa tana ɗauke da haƙƙi iri biyu. Akwai haƙƙin ɗaukar murya, watau na wanda ya biya kuɗin situdiyo ya mallaki faifan. Akwai kuma haƙƙin wanda ya tsara kalmomi da karin waƙar. A cikin kowace naira 100 da ta shigo, a bisa ƙiyasi, kamfanin manhaja yana riƙe wajen 33, mai faifai ya samu wajen 52, mai tsara waƙa ya samu wajen 15. Kuɗin biyu ba ta hanya ɗaya suke zuwa ba. Na faifai yana biyowa ta hannun dillali ko kamfanin faifai. Na mai tsarawa kuwa sai ya yi rajista da ƙungiyar da ke karɓar wa marubuta waƙa haƙƙinsu, irin su MCSN a nan Nijeriya, in ba haka ba kuɗin ba zai san hanyar gidansa ba.

Kada a raina haƙƙin nan na biyu. 'Yar ƙasarmu Sinach ta fitar da waƙarta Way Maker a 2015. Bayan 'yan shekaru mawaƙan Amurka irin su Michael W. Smith da Leeland suka sake rera ta, har a 2020 ta hau kan jerin marubuta waƙoƙin Kirista na mujallar Billboard. Muryoyin nasu ne, faifan nasu ne, amma rabon mai tsarawa yana komawa ga wadda ta tsara. Dokar haƙƙin mallaka ta Nijeriya ta 2022, wadda aka sa wa hannu a watan Maris na 2023, ta kāre waƙar da aka tsara har shekara 70 bayan rasuwar mai ita, faifai kuma shekara 50. Watau waƙa gado ce kamar gona. Wannan kuwa wuƙa ce mai kaifi biyu, gama ƙungiyar da ta ɗauki waƙar wani mai rai ta juya ta zuwa Hausa ta ɗora a intanet ba tare da izini ba, za a iya sauke waƙar, ko a karkatar da kuɗin zuwa ga mai ita.

Mu koma ga lissafin maƙwabtanmu

Yanzu mu ɗauki misalin tukunyar can mu gwada shi a kan sauraro 200,000. In kowane sauraro naira 2 ne, jimilla naira 400,000. Rabon faifai, kashi 52 cikin 100, ya zama naira 208,000. Mawaƙi ba ya iya ɗora waƙa a Spotify ko Apple Music da kansa, sai ta hannun dillali. Wasu dillalan, kamar DistroKid, kuɗin shekara suke karɓa. Wasu kuma, kamar CD Baby, suna karɓar kuɗin ɗorawa sa'an nan su riƙe kashi 9 cikin 100. A ce dillali ya cire kashi 10, saura wajen naira 187,000. In mawaƙa 40 ne za su raba, kowa ya tashi da abin da bai kai naira 5,000 ba, kuma ba a ma mayar da bashin situdiyo ba tukuna. Kuɗin ma ba nan take yake zuwa ba, yakan ɗauki wata biyu zuwa uku.

Wanda ya sa hannu da kamfanin faifai, nasa lissafin ya fi wannan tsauri. Kamfani ne mai faifan, mawaƙi kaso kawai yake samu, sau da yawa wajen ɗaya cikin biyar. Kuma kuɗin da aka ba shi tun farko ba kyauta ba ce, bashi ne da za a cire daga kasonsa kafin ya ga ko sisi. Wannan ƙorafi ba namu kaɗai ba ne. Taylor Swift ta janye waƙoƙinta daga Spotify a 2014 saboda batun biya, sai a 2017 ta mayar da su. A 2021 wani kwamitin majalisar dokokin Birtaniya ya binciki harkar, ya ce tsarin rabon yana bukatar a sake shi daga tushe.

YouTube kuma nasa tsarin daban ne. Kafin mai tasha ya fara samun rabon tallan da ake sakawa a dogon bidiyo, sai ya tara mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo cikin wata 12. Daga nan yana samun kashi 55 cikin 100 na kuɗin tallan, kuma ba a turo masa sai ya kai dala 100. Ba kowane kallo ne ke zuwa da talla ba, saboda haka lambar da ke ƙarƙashin bidiyo ba ta faɗin abin da ya shiga aljihu. Abin da aka samu daga masu kallo a Amurka kuma ana cire masa haraji har kashi 30 cikin 100, domin Nijeriya ba ta da yarjejeniyar haraji da Amurka. Waƙar da aka tura ta WhatsApp, ko aka zuba a memori a rumfar kasuwa, ko sau miliyan aka ji ta, ba ta kawo wa mai ita kome.

Kasuwa ta cika

Wani abin lura shi ne yawan masu talla a wannan kasuwa. Kamfanin Luminate mai ƙididdigar waƙoƙi ya nuna cewa a 2023, cikin waƙoƙi miliyan 184 da ke kan manhajoji, fiye da miliyan 150 ba su wuce sauraro 1,000 ba a duk shekarar. Tun daga watan Afrilu na 2024 kuwa, Spotify ba ya biyan kuɗin faifai ga waƙar da ba ta cika sauraro 1,000 cikin wata 12 ba. Kamfanin ya ce ya biya dala biliyan 10 a 2024, kuma mawaƙa kusan 1,500 ne waƙoƙinsu suka samar da fiye da dala miliyan ɗaya. Amma wanda ya zo na 100,000 a jerin, kusan dala 6,000 waƙoƙinsa suka samar a shekarar, kafin a raba. A bayansa kuwa akwai miliyoyi.

Inda aka matsu, nan 'yan damfara ke shigowa. Akwai masu cewa a ba su kuɗi za su hau da lambar sauraro ta hanyar na'urori. Kamfanoni suna gano wannan, su sauke waƙar, su ci tarar dillali, shi kuma ya juyo kan mawaƙi. A watan Satumba na 2024 masu gabatar da ƙara a Amurka sun gurfanar da wani mutum a kan zargin ya tara fiye da dala miliyan 10 ta hanyar waƙoƙin da kwamfuta ta ƙirƙira da masu sauraro na bogi. Tun da tukunya ɗaya ce, duk abin da aka ɗiba ta wannan hanya daga rabon masu gaskiya aka ɗebe shi. Sata ce, kome sunan da aka ba ta.

Abin da ya kamata mu yi

Ba ina cewa a guje wa intanet ba ne. Waƙar da aka ɗauka a ƙauye yau tana iya isa kunnen ɗan'uwa a Kumasi ko Yawunde ko Landan a rana ɗaya, abin da kaset bai taɓa yi ba. Amma ga shawarata.

Na ɗaya, mai son ƙiyasi ya fara tambayar abu huɗu: a wace manhaja aka saurara, a wace ƙasa, masu biya ne ko 'yan kyauta, kuma hannu nawa kuɗin zai bi kafin ya iso. In yawancin masu sauraronka a gida suke, to abin da shafin ƙiyasi ya ba ka, raba shi biyar ko goma, za ka fi kusa da gaskiya.

Na biyu, a rubuta yarjejeniya kafin a shiga situdiyo. Wa ya tsara waƙar, wa ya mallaki faifan, nawa ne rabon mai haɗa kiɗa, ina kuɗin zai shiga. Kada a bar asusun dillali da lambar sirri a hannun mutum ɗaya. A karanta takardar lissafi a gaban kowa kamar yadda ake karanta rahoton baiko, domin inda aka buɗe littafi, zargi ba ya samun wurin zama.

Na uku, dattawa kada su ba da kuɗin asusu da zaton za a mayar daga sauraro. In taimako ne, a kira shi taimako. Matashi kuma kada ya saki reshe ya kama ganye. Ya riƙe makarantarsa ko sana'arsa, gama ga yawancin mawaƙanmu abin da ke ciyar da gida shi ne gayyata zuwa taro da biki da ƙaddamar da faifai, intanet kuwa ita ce mai shela.

Na huɗu ya shafe mu masu sauraro. In waƙar wani ta ƙarfafa ka a ranar baƙin ciki, ka tuna an kashe kuɗi da gumi kafin ta iso kunnenka. Ka saurare ta a inda ake ƙirgawa, ka halarci ƙaddamarwa, ka miƙa abin da ya sawwaƙa.

Su maƙwabtan namu, saurayin ya tashi a gaban ƙungiya ya nemi gafara, shugaban mawaƙa kuma ya yafe, ko da yake har yanzu bai yarda ya sake riƙe asusun ba. Sun naɗa mutum uku su riƙa duba lissafi tare, sun kuma fara biyan bashin situdiyo kaɗan kaɗan. Mai tambaya ko ƙarin bayani sai ya rubuto ta hannun edita. Sai mun sake saduwa a mako mai zuwa, in Allah ya kai mu.